Agogon da Ke Juya Zamani: Ina Ƙage Ya Tsaya, Ina Kimiyya Ta Fara?

A fim ɗin Indiya mai suna 24, wanda ya fito a 2016 da harshen Tamil, jarumi Suriya ya fito a matsayin mai gyaran agogo da ya tsinci wani agogon hannu da mahaifinsa ya ƙera. In ya murɗa shi sai ya koma jiya ko ya leƙa gobe, in kuma ya ga dama ya tsayar da duniya cak, kowa ya sandare, shi kaɗai yana yawo. Masu kallo da dama sukan tashi daga irin wannan fim da gardama. Wani ya ce Turawa sun daɗe da ƙera injin, ɓoye shi suka yi. Wani ya ce zancen banza ne daga farko har ƙarshe. Na uku kuma ya ce ai ya ji masana da kansu sun tabbatar cewa lokaci yana miƙewa yana tsukewa.

Na ukun yana da gaskiya, amma gaskiyar tasa ba ta goyi bayan na farko ba. Ruɗanin ya samo asali ne daga cakuɗa abubuwa uku da ba ɗaya suke ba: auna lokaci, tsallakawa gaba, da komawa baya.

Ma'anar kalmomin

Kalmar agogo Hausa ta aro ta daga Yarbanci, inda take nufin ƙararrawa. Lokaci, zamani, sa'a da daƙiƙa kuwa daga Larabci suka zo, minti, awa da sakan daga Ingilishi. Agogo mai wani shi ne wanda ake murɗawa da hannu don ya yi aiki, ba ya bukatar batir. Injin lokaci, ko na'urar keta zamani, suna ne na abin da marubuta suka ƙaga wanda ke ɗaukar mutum daga wannan zamani zuwa wani. Ƙagaggen labarin kimiyya kuma shi ne labarin da ke aron kalmomi da kayan aikin masana don ya gina abin da bai faru ba, irin Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo da ya fito a 1969, ko da yake shi sararin samaniya ya kai jaruminsa.

Sanin cikin agogo yana warware rabin matsalar. Agogo mai wani yana da sassa huɗu. Akwai ma'ajin ƙarfi, wato naɗaɗɗen sifirin ko wani nauyi da aka rataya. Akwai jerin ƙananan ƙafafun ƙarfe masu haƙora da ke cizon juna, waɗanda makanikai ke kira giya. Akwai abin da ke kai da komo a ma'auni guda, kamar ƙarfen nan mai lilo na tsofaffin agogunan bango, wanda Christiaan Huygens na ƙasar Holan ya fara sa wa agogo a 1656. Sannan akwai 'yar ƙugiya da ke kama haƙori ɗaya ta saki, ta sake kamawa, ita ce ke yin ƙarar da kunne ke ji. Aikinsu gaba ɗaya ƙirga ne. Hannuwan agogo suna nuna jimillar lilon da aka yi, kamar yadda malejin mota ke nuna nisan da aka ci ba tare da shi ne ke tuƙa motar ba.

Agogon batir ma haka yake, sai dai a madadin lilo yana ƙirga kaɗawar wata 'yar ƙanƙarar dutse mai suna kwaz, sau 32,768 a kowane sakan. Tun 1967 ma'anar sakan a duniya ita ce kaɗawa 9,192,631,770 na hasken da ƙwayar zarra ta sinadarin siziyom ke amsawa gare shi.

Shi ya sa murɗa hannun agogo bai taɓa ƙara wa kowa kwana ba. Alhajin da ya tashi daga Kano zuwa Jidda yakan tura agogonsa gaba da awa 2, ɗan kasuwar da ya sauka Kumasi ya mayar da nasa baya da awa 1. Sudan ta mayar da agogon ƙasa baki ɗaya baya da awa 1 a ranar 1 ga Nuwamba 2017. Tsibirin Samowa ya share ranar 30 ga Disamba 2011 daga kalandarsa. A duk waɗannan, lissafi aka sauya, rana kuwa ta fito ta faɗi yadda ta saba.

Inda ƙagen ya samo asali

Labarin mutum ya kwanta barci ya farka a wani zamani tsoho ne a al'ummu da yawa. Sabon abu shi ne a ce ƙarfe da haƙoran giya ne suka kai shi, kuma wannan bai bayyana ba sai ƙarshen ƙarni na 19.

A 1881 jaridar The Sun ta birnin New York ta buga gajeren labarin Edward Page Mitchell, The Clock That Went Backward, wato agogon da ya yi baya. A cikinsa wani tsohon agogon Holan ya shiga juyawa a birkice, ya kwashe wasu samari biyu zuwa 1574, lokacin da sojojin Sifaniya suka yi wa birnin Leiden ƙawanya. A 1887 Enrique Gaspar ya fitar da El Anacronópete a Basalona, inda injin ya zama ƙaton akwatin ƙarfe mai aiki da lantarki. Sai 1895, da H. G. Wells na Ingila ya fitar da The Time Machine, littafin da ya raɗa wa abin sunan da ya bi shi har yau. Injin Wells yana da sirdi, da 'yan sandunan ja da turawa, da allunan ƙirga kwanaki, an haɗa shi da tagulla da hauren giwa da ƙanƙarar dutse. Ya kai mai shi shekara ta 802,701.

Me ya sa duk suka taso cikin shekara 15? Amsar tana cikin tarihin lokacin. Kafin jirgin ƙasa, kowane gari a Turai da Amurka da nasa tsakar ranar, gwargwadon inda rana ta tsaya a kansa. Jirgin ƙasa da wayar tangarahu suka sa wannan ya zama haɗari, domin jirage biyu a layi ɗaya ba za su yi aiki da agogo biyu masu saɓani ba. Birtaniya ta mayar da lokacin Girinic, wato agogon GMT, doka a 1880. Kamfanonin jirgin ƙasa na Amurka suka raba ƙasar shiyya-shiyya a ranar 18 ga Nuwamba 1883, ranar da garuruwa da dama suka ga tsakar rana sau biyu. A 1884 aka yi taro a Washington aka amince layin Girinic ya zama mafarin lissafi. Mutanen da suka ga hukuma ta zauna ta matsar da azahar, suka kuma ga ƙararrawar masana'anta tana yanke musu lokacin tashi da na ci, ba abin mamaki ba ne su fara tunanin cewa wanda ya riƙe agogo ya riƙe lokacin kansa.

Akwai kuma tsohon tunani da ya share fage. Tun bayan littafin Isaac Newton na 1687, masana a Turai suka riƙa kwatanta duniya da wani babban agogo da ke tafiya kan ƙa'ida. In duniya agogo ce, to mai wayo zai iya tambayar inda mamurɗinta yake.

Ire-iren injinan a labarai

Mafi yawansu na tafiya ne, gaba ko baya. A littafin Harry Potter na uku, na 1999, wata ɗaliba tana rataye da 'yar kwalbar rairayi a wuya, kowace juyawa ɗaya awa ɗaya ce baya. A fim ɗin Back to the Future na 1985 injin mota ce, amma tsawar da ta faɗa kan hasumiyar agogon gari ce ta ba ta ƙarfin dawowa daga 1955. Indiya ta shiga sahu da Aditya 369 na harshen Telugu a 1991.

Kashi na biyu na tsayarwa ne, irin agogon aljihu a littafin John D. MacDonald na 1962, The Girl, the Gold Watch & Everything, da fim ɗin Clockstoppers na 2002. Wannan kashi shi ne mafi rauni in aka auna shi da hankali. In komai ya tsaya, iska ba za ta shiga huhun jarumin ba, haske ba zai iso idonsa ba, sauti ba zai kai kunnensa ba. Zai kasance makaho, kurma, mai shaƙewa, a cikin iskar da ta zama kamar bango.

Terry Pratchett ya zo da wani salo a Thief of Time na 2001, inda wasu masu bauta a tsauni ke da manyan gangunan da ke juyawa kamar mazari, suna naɗe lokaci daga inda ake ɓarnatar da shi su warware shi inda ake bukata. Nan marubucin ya ɗauki lokaci kamar zare ko hatsi, abin da ake tarawa a rumbu.

Masu tafiya baya ma suna da tasu matsalar da finafinai ba su cika ambata ba. Duniya tana zagaya rana da gudun kusan kilomita 30 a kowane sakan. Wanda ya koma awa ɗaya baya ba tare da ya matsa daga inda yake ba, zai tarar duniya tana nesa da shi fiye da kilomita 100,000.

Na'urorin gaske da aka jingina wa abin da ba nasu ba

A 1901 masu nutso suka tsamo wani dunƙulen tagulla daga wani jirgi da ya nitse kusa da tsibirin Antikythera na Girka. Bincike ya nuna na'ura ce mai giya kusan 30, ta shekaru fiye da 2,000, wadda ke nuna matsayin rana da wata da lokacin husufi. Tana nan a gidan tarihi na Atina. Fim ɗin Indiana Jones na 2023 ya ɗauke ta ya mayar da ita mabuɗin ƙofar zamani, har wasu masu kallo suka ɗauka daga tarihi aka samo wannan. Abin da na'urar ke yi lissafin taurari ne, irin wanda masana falaki ke yi da alƙalami, kuma wannan kaɗai ya isa abin jinjina.

Haka nan Isma'il al-Jazari, injiniyan fadar Diyar Bakr, wanda ya kammala littafinsa na na'urori 50 a 1206. Agogonsa na giwa yana aiki da wani kwano mai huji da ke nitsewa a ruwa cikin rabin awa, sai ƙwallo ya faɗo, macijin ƙarfe ya sunkuya, mutum-mutumi ya buga kuge. Wani agogon nasa ana iya daidaita shi gwargwadon tsawon yini da dare a kowane yanayi na shekara. Fasaha ce ta bin rana sau da ƙafa, kuma mai ita ya rubuta yadda ake haɗa kowane sashe dalla-dalla, shi ya sa aka iya sake ƙera agogon giwar a wannan zamani, akwai ɗaya a wata cibiyar kasuwanci a Dubai.

A nan ne bambancin yake tsakanin ilimi da da'awa. A 1972 wata mujallar Italiya, La Domenica del Corriere, ta buga hira da wani limamin Katolika, Pellegrino Ernetti, wanda ya ce ya taimaka wajen ƙera na'urar da ke nuna abubuwan da suka wuce kamar talabijin. Hoton da aka buga a matsayin hujja an gano ya yi daidai da hoton wani sassaƙe da ke wata majami'a a Italiya. Ernetti ya rasu a 1994 ba tare da an nuna na'urar ko zanenta ba. A 2013 ma kamfanin dillancin labarai na Fars ya ɗauko labarin wani matashi a Tehran da ya ce ya ƙera injin hango shekaru masu zuwa, daga baya kamfanin ya cire labarin daga shafinsa.

Abin da kimiyya ta tabbatar

Albert Einstein, wanda ya yi aiki a ofishin rajistar ƙere-ƙere na birnin Bern a zamanin da ake ta neman hanyar daidaita agogunan tashoshin jirgi, ya nuna abubuwa biyu. A 1905 ya nuna cewa agogon da ke gudu yana jinkiri in aka gwada shi da wanda ke tsaye. A 1915 ya nuna cewa agogon da ke kusa da abu mai nauyi, kamar duniya, ya fi jinkiri a kan wanda ke nesa. Ba lalacewa agogon ke yi ba. Bugun zuciya, tsufan jiki da ruɓewar abinci duk suna jinkiri tare da shi.

An gwada wannan. A Oktoban 1971 Joseph Hafele da Richard Keating suka saya wa agogunan siziyom huɗu tikitin jirgin fasinja, suka zagaya duniya da su sau biyu. Da suka yi gabas, agogunan sun yi baya da kashi 59 cikin biliyan na sakan in aka gwada da na ƙasa. Da suka yi yamma, sun yi gaba da kashi 273. A 2010 masana a Amurka suka ɗaga agogo ɗaya sama da santimita 33 kawai, suka ga ya fi ɗan'uwansa sauri.

Duk mai amfani da taswirar waya yana cin moriyar wannan. Taurarin ɗan Adam na GPS, da ke nisan kusan kilomita 20,200, agogunansu suna yin gaba da kashi 38 cikin miliyan na sakan kowace rana. Da ba a gyara wannan a lissafi, da kuskuren wuri ya riƙa taruwa har kusan kilomita 10 a yini.

Saboda haka tsallakawa gaba tabbas ne, kuma abin da ke jawo shi gudu ne da nauyi. A duk gwaje-gwajen nan agogo shaida ne da aka ɗauka ya ga abin da ya faru ya ba da rahoto. Babu inda haƙoran giyarsa suka taɓa tura lokaci.

Inda masana suka saɓa

Komawa baya ne fagen gardama. Masu ganin ƙofar ba a rufe take ba suna kafa hujja da lissafin Einstein kansa. A 1949 Kurt Gödel ya nuna cewa a duniyar da ke juyawa gaba ɗayanta, hanya za ta iya lanƙwasa ta koma jiya, sai dai tamu duniyar ba irin wannan ba ce. A 1974 Frank Tipler ya kawo misalin wani bututu mai tsananin nauyi da ke juyawa, amma lissafin yana bukatar tsawonsa ya zama marar iyaka. A 1988 Kip Thorne da abokan aikinsa suka yi bayanin wani rami da zai haɗa wurare biyu masu nisa a sararin samaniya, wanda riƙe shi a buɗe ke bukatar wani irin abu da ba a taɓa samun isasshensa ba. Ko da an gina irin wannan, lissafin ya nuna ba zai kai mutum baya da ranar da aka gina shi ba. Kenan ba hanyar ziyartar Kano ta zamanin Rumfa ba ce.

Masu musu suna da hujjoji biyu. Ta farko ta hankali ce: in mutum ya koma ya hana kakansa aure, wa ya koma ɗin? Masanin Rasha Igor Novikov ya amsa da cewa duk abin da matafiyin zai yi, da ma yana cikin abin da ya riga ya faru, don haka ba zai iya sauya komai ba. Ta biyu ta ɗabi'ar halitta ce. Ƙwan da ya fashe ba ya haɗa kansa, shayi ba ya komawa zafi a kofi, toka ba ta zama itace. Agogo mai wani ma yana ƙarƙashin wannan doka, domin ƙarfin sifirinsa yana zama zafi da ƙara ya watse, kuma juya giyarsa baya ba ya tattaro abin da ya watse. Stephen Hawking ya yi hasashe a 1992 cewa dokokin halitta za su rusa duk wani injin komawa baya kafin ya fara aiki. A ranar 28 ga Yuni 2009 ya shirya walima a Kambirij don baƙi daga gaba, bai fitar da goron gayyata ba sai da aka tashi, kuma babu wanda ya zo.

Ta fuskar addini da tarbiyya

Musulmi mai kallo yakan tuna da As'habul Kahfi da suka yi shekara 309 a kogo, da mutumin da Suratul Baƙara ta ba da labarin an matar da shi shekara 100 aka tashe shi, wanda masu tafsiri da yawa suka ce Uzairu ne. Waɗannan ayoyi ne na ikon Allah, babu hannun maƙeri a ciki, kuma a dukansu gaba aka tsinci kai. Haɗa su da agogon fim rashin adalci ne ga ɓangarorin biyu.

Wasu iyaye da malamai suna ƙyamar irin waɗannan labarai saboda suna ganin suna koya wa yara cewa ana iya goge ƙaddara. Wasu kuma suna ɗaukarsu kamar tatsuniyar Gizo, wadda ba wanda ya taɓa zargin mai yin ta da cewa ya gaskata gizo-gizo na magana. Abin lura shi ne da yawa daga labaran ƙaddarar suke tabbatarwa. A fim ɗin The Time Machine na 2002 jarumin ya koma don ceto budurwarsa daga ɗan fashi, ya cece ta, sai ta mutu ta wata hanyar a daren. Hukumomi ma sun taɓa tsoma baki: a 2011 hukumar kula da finafinai da talabijin ta Sin ta gargaɗi masu shirya wasannin keta zamani kan wasa da tarihi.

Tasirin da ake iya gani

Labaran sun daɗe suna raye ne saboda suna taɓa abin da kowa ya sani, wato ciwon da-na-sani da kewar wanda ya rasu. Ronald Mallett, wanda ya zama farfesan kimiyyar lissafin halitta a Jami'ar Connecticut, yana ɗan shekara 10 mahaifinsa ya rasu. Ya ci karo da labarin Wells a littafin zane, ya ƙudurta ƙera injin da zai mayar da shi ya gargaɗi mahaifin. Wasu masana sun soki tsarin da ya fitar na amfani da zoben haske, kuma injin bai samu ba, amma ƙagen ya kai yaro maraya matsayin farfesa. Wells kansa sukar al'umma ya sa a gaba: a duniyarsa ta gobe jikokin masu kuɗi sun zama ragwaye a doron ƙasa, jikokin leburori suna ƙarƙashin ƙasa suna kula da injuna, da dare su fito su farauce su.

Illar tana zuwa ne idan aka cire wa labari alamar ƙage, aka yanko minti ɗaya na fim ko hoton Antikythera aka yaɗa a WhatsApp da sunan sirrin da aka bankaɗo. Yanzu da manhajoji ke haɗa hoto da murya cikin sauƙi, irin wannan zai ƙaru, kuma wanda ya saba gaskata shi shi ne ɗan damfara ke nema. Hanyar tantancewa ita ce wadda ta raba al-Jazari da Ernetti: a nuna abin, a bayyana yadda aka haɗa shi, wani dabam ya sake ƙera shi ya ga ya yi aiki.

Mutanen da suka fi kowa keta lokaci a zahiri su ne 'yan sama-jannatin da suka daɗe suna zagaya duniya da gudun kusan kilomita 28,000 a awa. Sergei Krikalev na Rasha ya tara kwana 803 a sama, ya sauko yana ƙasa da shekarun da zai kai da ya zauna a gida da kusan kashi 1 cikin 50 na sakan.